Gasar Ƙwallon Ƙafa ta Mata a Nijeriya: Haja na Fita Waje, Lalitar Kulob Babu Komai

A watan Mayu na shekarar 2024 ne ƙungiyar Edo Queens ta birnin Benin ta lashe babbar gasar ƙwallon ƙafa ta mata ta Nijeriya a karon farko a tarihinta, bayan zagayen ƙarshe na ƙungiyoyi shida da aka buga a filin wasa na Samson Siasia da ke Yenagoa. Ƙungiyoyi 16 ne suka fara kakar wasan ta 2023/2024, an raba su rukuni biyu, uku na saman kowane rukuni suka haɗu a zagayen ƙarshe. Shafukan wasanni sun riga sun yi nasu aikin na ƙidaya ƙwallaye da yaba wa mai horaswa Moses Aduku. Abin da ya shafi shafin ciniki da tattalin arziki shi ne wanda ya biya kuɗin wannan kaka, da kuma wanda ya kwashi amfanin abin da ta haifar.

Ƙungiyoyin shida da suka kai zagayen ƙarshe su ne Edo Queens, da Rivers Angels, da Bayelsa Queens, da Nasarawa Amazons, da Confluence Queens ta Jihar Kogi, da Heartland Queens ta Jihar Imo. Dukkansu mallakar gwamnatocin jihohi ne. Albashin 'yan wasa, da kuɗin mota, da masauki, da abinci, duk daga baitulmalin jiha suke fitowa, ta hannun ma'aikatar wasanni ko hukumar wasanni ta jihar. Shi kansa zagayen ƙarshen ya dogara ne kan samun jihar da za ta karɓi baƙunci: Edo a 2022, Delta a 2023, Bayelsa a 2024. Kulob-kulob masu zaman kansu irin su FC Robo ta Legas, da Remo Stars Ladies ta Ikenne, da Naija Ratels ta Abuja suna cikin gasar, amma duk wanda ya duba jerin zakaru na shekaru ashirin da suka gabata ba zai ga sunan ko ɗaya daga cikinsu ba.

Ba haka abin ya faro ba. Lokacin da aka soma gasar a shekarar 1990, 'yan kasuwa ne suka riƙe ta da aljihunsu. Jegede Babes ta Legas da Ufuoma Babes ta Warri, waɗanda suka cika tawagar ƙasa da 'yan wasa a shekarun farko, na ɗaiɗaikun mutane ne. Ita ma Rivers Angels da sunan Larry Angels ta fara a Fatakwal kafin gwamnatin jihar ta karɓe ta. Waɗannan masu zuba kuɗi sun yi ta kashewa ba tare da wata ƙofar shiga ba, kuma da ƙarfinsu ya ƙare sai ƙungiyoyin suka bi su. A yau babu Jegede Babes babu Ufuoma Babes a babbar gasar. Gwamnatocin jihohi ne suka cike gurbin, kuma adalci ne a faɗi cewa ba don su ba da gasar ta daɗe da mutuwa.

Sai dai kuma riƙon gwamnati yana zuwa da nasa halin. Ƙungiyar da ke rayuwa a kan wani sashe na kasafin kuɗin ma'aikata tana ƙarfi ne a lokacin da gwamna ko mataimakinsa ke sha'awar ƙwallo, ta kuma yi rauni ranar da aka sauya gwamnati ko kason jihar daga asusun tarayya ya ragu. Pelican Stars ta Kalaba, wadda ta mamaye gasar daga ƙarshen shekarun 1990 zuwa farkon na 2000, ta isa misali, domin ta yi shekaru ba ta cikin masu neman kofi. Edo Queens kanta ta tashi ne a zamanin da gwamnatin Godwin Obaseki ta ba harkar muhimmanci, har aka fara wata gasar share fage da sunan uwargidan gwamnan a 2021. A ranar 12 ga Nuwamba, 2024, aka rantsar da sabon gwamna a jihar, a daidai lokacin da 'yan wasan ke Maroko suna fafatawa a gasar zakarun Afirka. Kamfanin da makomarsa ke rataye a kan sakamakon zaɓe duk bayan shekara huɗu ba ya iya tsara abin da zai yi nan da shekara goma.

Ita wannan tafiya ta Maroko ce ta bayyana girman kuɗin da ke cikin harkar. Edo Queens ta fara lashe gasar share fage ta shiyyar Yammacin Afirka a ƙasar Kwaddibuwa a watan Agusta. A Maroko ta doke Mamelodi Sundowns ta Afirka ta Kudu, mai riƙe da kofin, da ci 2 da 1, ta fitar da ita tun a zagayen rukuni. Ta sha kaye a hannun TP Mazembe ta Kongo a wasan kusa da na ƙarshe, sannan ta rasa matsayi na uku ga Masar ta ƙasar Misira a bugun fenariti. A wannan shekarar Hukumar Ƙwallon Ƙafa ta Afirka ta ƙara ladan gasar, inda ta ware dala 600,000 ga zakara, da dala 300,000 ga ta huɗu. A farashin canji na watan Nuwamban 2024, dala 300,000 ta haura naira miliyan 450. Domin a gane nauyin wannan adadi, naira miliyan 150 aka ba Rangers ta Enugu da ta lashe babbar gasar maza a shekarar. Wato matsayi na huɗu a gasar mata ta Afirka ya ninka kofin maza na cikin gida sau uku.

Matsalar ita ce ƙungiya ɗaya tak ke samun wannan dama a shekara, kuma ita ma sai ta tsallake shiyya. Delta Queens ta gaza yin hakan a 2023, inda Ampem Darkoa ta Gana ta doke ta a wasan ƙarshe na share fage. Sauran ƙungiyoyin dole su nemi wata ƙofar. Kuɗin ƙofa kuwa ba abin dogaro ba ne, domin 'yan kallo ƙalilan ne ke zuwa wasannin mako-mako. A lokaci guda kuma tsadar gudanarwa ta yi tashin gwauron zabo. An cire tallafin man fetur a ƙarshen watan Mayu na 2023, aka saki naira ta nemi farashinta a watan Yuni, 'yan watanni kafin a fara kakar. Litar man da ake saya ƙasa da naira 200 ta haura naira 600 kafin a buga wasan farko. Ƙungiya irin Adamawa Queens, wadda tafiyarta daga Yola zuwa Legas ta haura kilomita 1,000, ita ta fi kowa jin wannan a jikinta, kuma raba gasar rukuni biyu yana rage nauyin ne kawai.

Duk da haka akwai haja guda da gasar ke samarwa wadda kasuwar duniya ke nema, wato 'yan wasan kansu. Asisat Oshoala, wadda ta zama gwarzuwar Afirka har sau shida, ta taso ne a FC Robo da Rivers Angels kafin Liverpool ta ɗauke ta a 2015, daga bisani ta kai Barcelona. Rasheedat Ajibade ta bar FC Robo zuwa Avaldsnes ta ƙasar Norway, daga nan ta wuce Atletico Madrid. Mai tsaron gida Chiamaka Nnadozie ta bar Rivers Angels zuwa Paris FC a 2020. Gift Monday ta tafi Tenerife ta Sifen a 2022 bayan ta yi wa Bayelsa Queens wasa. Tawagar da ta ɗauko kofin Afirka na goma a Rabat a watan Yuli na 2025 mafi yawanta a ƙetare take wasa, amma da yawa daga cikinta a filayen Legas da Fatakwal da Lafiya suka koyi sana'ar.

Farashin wannan haja kuwa hawa yake yi. A watan Fabrairu na 2024, ana tsakiyar kakar da ake magana a kai, Bay FC ta Amurka ta sayi Racheal Kundananji 'yar Zambiya daga Madrid CFF a kan kuɗin da ya kusa dala 800,000, wanda a lokacin babu kamarsa a tarihin ƙwallon mata. Wata guda bayan haka Orlando Pride ta biya dala 740,000 a kan Barbra Banda, ita ma 'yar Zambiya. A watan Janairu na 2025 Chelsea ta ƙetare dala miliyan ɗaya a kan Naomi Girma. Abin lura a cinikin 'yan Zambiyan biyu shi ne cewa babban kuɗin ya faɗa hannun kulob ɗin Sifen da na Sin ne, waɗanda suka riƙe su da kwantiragi mai ƙarfi. Nan ne asarar Afirka take, kuma nan ne ta Nijeriya take.

Ƙa'idar ciniki a nan a fili take. Ba a biyan kuɗin sayen 'yar wasa sai tana ƙarƙashin kwantiragin da bai ƙare ba. Kulob ɗin da ke ɗaukar 'yan wasa kaka-kaka, ko kuma yake riƙe su kamar ma'aikatan wucin gadi na ma'aikatar wasanni, ba shi da abin sayarwa ranar da wakilin wata ƙungiya ta Turai ya ƙwanƙwasa ƙofa. Kulob ɗin da ke bin 'yar wasa bashin albashi ma ya fi shiga halin rauni, domin dokokin hukumar FIFA sun ba ɗan wasa damar warware kwantiragi idan aka hana shi albashin wata biyu kuma aka ƙi biya bayan ya ba da wa'adi a rubuce.

Akwai kuma kuɗin da ba ya buƙatar ciniki ko kaɗan, illa rubutu da ajiya. A dokar FIFA, duk lokacin da aka sayar da ɗan wasa tsakanin ƙasa da ƙasa, ana cire kashi 5 cikin 100 na kuɗin a raba wa ƙungiyoyin da suka rene shi daga shekara 12 zuwa 23 da haihuwa. A cinikin dala miliyan ɗaya, dala 50,000 ke nan. Har ila yau, bayan gasar cin kofin duniya ta mata ta 2023, FIFA ta raba wa kulob-kulob sama da dala miliyan 11, kuma wani kaso na kuɗin an ware shi ne ga ƙungiyoyin da suka horar da 'yan wasan tun suna ƙanana. Sharaɗin duka biyun shi ne a samu sunan yarinyar a rajistar hukumar ƙwallo ta ƙasa, da ranar da ta shigo kulob da ranar da ta bar shi. Makarantar ƙwallon da ta yi shekara biyar tana ciyar da yarinya a Mushin ko a Lafiya ba tare da ta yi mata rajista ba, ba ta da hujjar neman ko sisin kwabo.

Shugabannin gasar, daga Aisha Falode zuwa Nkechi Obi da ta karɓi ragama a 2023, sun sha nanata buƙatar samun kamfanonin da za su ɗauki nauyinta, kuma babu mai musun wannan buƙata. Gasar Afirka ta Kudu tana ɗauke da sunan kamfanin Hollywoodbets tun 2021, ta Ingila kuma da na bankin Barclays tun 2019. Amma kamfani ba sadaka yake bayarwa ba. Yana sayen idon jama'a ne, yana kuma son jadawalin da ba ya sauyawa, da wasannin da ake nunawa a talabijin a lokacin da aka sani, da littafin kuɗin da zai iya nuna wa masu hannun jarinsa. Neman mai ɗaukar nauyi kafin a gyara waɗannan abubuwa sa kai ne a cinikin da mai saye zai yanka farashin da ya ga dama. Ita kuwa Maroko wata hanyar ta bi: tun 2020 hukumar ƙwallonta ta ɗauki nauyin albashin 'yan wasan gasar mata, bisa sharaɗin kulob ya cika ƙa'idojin da aka gindaya, kuma AS FAR ta Rabat ta lashe kofin Afirka a 2022.

Masu cewa gwamnatocin jihohi su tsame hannunsu gaba ɗaya sun manta da abin da ya sami Jegede Babes da Ufuoma Babes. Kasuwar ba ta kai matsayin da za ta riƙe ƙungiyoyin gasar da kanta ba, kuma janyewar gwamnati a yanzu rufe ƙungiyoyin kawai za ta yi. Abin da ya dace shi ne a sauya yadda ake zuba kuɗin. Jihar da ke da kulob ta yi masa rajista a Hukumar Rajistar Kamfanoni, da hukumar gudanarwa da asusun banki nasa na kansa, ta riƙa ba shi tallafin shekara da aka ƙayyade, ta kuma buɗe ƙofa ga 'yan kasuwar jihar su sayi hannun jari. Da haka kuɗin da ya shigo daga gasar Afirka ko daga sayar da 'yar wasa zai zauna a kulob, maimakon ya narke a asusun ma'aikata inda babu mai iya bin sawunsa. Al'ummar Jihar Edo, waɗanda da harajinsu aka yi tafiyar Maroko, suna da haƙƙin a buga musu lissafin abin da aka kashe da abin da ya shigo.

Nauyin da ke kan Hukumar Ƙwallon Ƙafa ta Nijeriya da hukumar gasar bai kai haka tsada ba. Lasisin shiga babbar gasar a hannunsu yake. Suna iya hana shi ga duk kulob ɗin da bai ajiye kwafin kwantiragin kowace 'yar wasa ba, ko wanda ake bin sa bashin albashin kakar da ta wuce, ko wanda yake biyan ƙasa da naira 70,000 da doka ta tsayar a matsayin mafi ƙarancin albashi a watan Yuli na 2024. Suna kuma iya buɗe ofis guda, ko da na ma'aikata biyu ne, wanda aikinsa shi ne bin cinikin kowace 'yar wasan Nijeriya da ke ƙetare da shigar da buƙatar kason kulob-kulob ɗin da suka rene ta.

Bayan nasarar Rabat, Shugaba Bola Tinubu ya yi wa kowace 'yar wasan Super Falcons alkawarin kwatankwacin dala 100,000 da gida da lambar girma ta ƙasa. 'Yan wasan sun cancanci abin da aka ba su. Sai dai kason mutum biyar kacal daga cikinsu ya zarce abin da Edo Queens ta samu a duk tafiyarta ta Afirka, kuma babu ko naira ɗaya a cikin kyautar da aka ware wa FC Robo, ko Rivers Angels, ko Nasarawa Amazons, ko sauran ƙungiyoyin da 'yan wasan suka fito daga cikinsu.