Yanke a Fuskar Kwamfuta: Hujjar Raɗa Masa Sunan Hausa a Zangunan Akra

Daga cikin kalmomin da Hausa ta ba mutanen Akra aro akwai “lungu”. Direban tasi da ke neman kauce wa cunkoson titin Nima, ko da bai iya gaisuwa da Hausa ba, yakan ce zai bi “lungu-lungu”, wato zai ratsa ta bayan gidaje ya ɓulla inda yake so ba tare da ya zagaya ba. Mazauna Alajo da Maamobi da Kotobabi sun san darajar irin wannan hanya, sun kuma san sharaɗinta: sai wanda ya san unguwa ke nuna ta, baƙon da ya afka mata da ka kuwa yana iya ƙarewa a bakin kwata.

Kwamfuta ma tana da irin wannan hanya. Ita ce ’yar alamar da ake ajiyewa a fuskar kwamfuta, wadda in an danna ta sau biyu take kai mutum wani shafin intanet kai tsaye, ba sai ya rubuta adireshi ko ya shiga bincike ba. Abu ne ƙarami da masana kwamfuta ba su cika tsayawa a kansa ba. Amma ra’ayin da ake karewa a nan shi ne, duk mai kula da kwamfutar da jama’a ke tarayya a kanta a zango, a shagon intanet ne ko makarantar Islamiyya ko ɗakin karatu, ya kamata ya kafa waɗannan hanyoyi da kansa, ya tantance inda suke kaiwa, sannan ya raɗa musu sunaye da Hausa. Dalilai biyu ne suka sa haka: tsare dukiyar mutane, da tsare gurbin harshe.

Sunan abin tukuna

Masu fassara sun saba cewa “gajeriyar hanya”. Ba kuskure ba ne, sai dai bayani ne mai kalma biyu a inda Hausa take da kalma ɗaya. Bahaushe in ya bar babbar hanya ya ratsa ta gona don ya rage tafiya, cewa ake ya yi yanke. Kalmar gajeriya ce, namiji ce, tana kuma karɓar ɗafa-ƙeyar mallaka cikin sauƙi: yanken ƙamus, yanken jarrabawa. “Lungu” kuwa, duk da farin jininta a Akra, ma’anarta ta asali tana ɗauke da ƙunci da ɓoyo, abin da bai dace da alamar da ake so kowa ya gani a sarari ba. Saboda haka “yanke” ta fi cancanta a rubutun koyarwa, “lungu” kuma ta zama tsanin da malami zai taka wajen fahimtar da ɗalibin da ya tashi a Nima.

Abin da yanke yake, da yadda ake yin sa

Tunanin mai da fuskar kwamfuta kamar teburin aiki mai ɗauke da alamomi ya shiga kasuwa da na’urar Xerox Star a 1981, Macintosh ya yaɗa shi a 1984, sannan Windows 95 ya sa yanke ya zama ruwan dare tun daga 1995. Yanken shafin intanet a Windows ɗan ƙaramin fayil ne da sunansa ke ƙarewa da .url. In aka buɗe shi da Notepad za a tarar da ’yan layuka kawai, mafi muhimmanci a cikinsu shi ne wanda ke ɗauke da adireshin shafin. Babu shafin a cikinsa, kwatance kawai yake riƙe da shi. Don haka share yanke ba ya taɓa shafin, kamar yadda tuge allon kwatance ba ya rushe gidan da yake nunawa.

Hanyar yin sa iri biyu ce. Ta farko, a buɗe shafin a Chrome ko Firefox ko Edge, a kama ’yar alamar da ke hagu da adireshi da linzamin kwamfuta, a jawo ta zuwa fuskar kwamfuta a saki. Ta biyu, a danna maɓallin dama na linzami a wani fili, a zaɓi New, a zaɓi Shortcut, a zuba adireshin, a ba shi suna. In ana son sauya sunan daga baya, a zaɓi alamar a danna F2. In tambarin ake son sauyawa, a shiga Properties a danna Change Icon, a ɗauko hoto daga cikin waɗanda Windows ya tanada ko wani fayil mai ƙarewa da .ico. Aikin duka bai kai minti biyu ba, ba ya kuma cin ko sisin kwabo.

Dalili na farko: kuɗi da sirrin mutane

Hulɗar ɗan ƙasar Gana da hukuma ta koma intanet a hankali. Tun 2005 kwamfuta ke rarraba ɗaliban da suka zana jarrabawar BECE zuwa manyan makarantun sakandare, ta tsarin da ake kira CSSPS. Sakamakon jarrabawar ana duba shi a shafin hukumar WAEC da lambar sirri da ake saye. Neman fasfo yana farawa da cike takarda a intanet, shafin ghana.gov.gh kuma ya tattara biyan kuɗaɗen hukumomi da dama wuri guda. Uwar da ke sayar da waakye a bakin titin Alajo, in ɗanta ya gama ƙaramar sakandare, dole ta bi ta ɗaya daga waɗannan ƙofofi, ko ta aika wani ya bi a madadinta.

A nan haɗarin yake. Mafi yawan mutane ba sa rubuta adireshi, sunan hukumar suke zubawa a akwatin bincike su danna abin da ya fara fitowa. Abin da ya fara fitowa kuwa yana iya zama talla ce da wani ya biya, ko shafin bogi da aka yi wa ado da tambarin hukuma, wanda adireshinsa ya saɓa da na gaskiya da harafi ɗaya tak. Wanda ya zuba lambar Katin Gana ko ya tura kuɗi ta waya a irin wannan shafi, sai daga baya yake gane ya faɗa rami. Hukumar tsaron intanet ta Gana, wadda aka kafa bisa dokar 2020, takan yi gargaɗi a kan shafukan bogi, ta kuma ware lamba 292 don kai ƙara. Amma kai ƙara bayan ɓarna yake zuwa, rigakafi kuwa ya fi magani. Yanken da mai shago ya tantance sau ɗaya yana raba mutum ɗari da kuskuren rubutu, yana kuma raba su da zaɓe tsakanin shafuka goma masu kama da juna.

Akwai mai cewa ai Bahaushe ya riga ya yanke hukunci: hanyar lafiya a bi ta da shekara. Maganar tana da ƙarfi, domin yanke ma ana iya ha’intarsa. Sunan da ke ƙarƙashin alama ba ya tabbatar da inda take kaiwa. Mugu yana iya barin sunan yadda yake ya sauya adireshin da ke ciki. Duk wanda ya yi mu’amala da shagunan buga takardu ya san cutar kwamfutar nan da ke ɓoye fayilolin filashi ta maye gurbinsu da yanke na ƙarya. Har cutar Stuxnet da aka gano a 2010 ta wata ɓaraka a yadda Windows ke nuna alamar yanke ta riƙa shiga na’urori. Sai dai darasin da ke cikin wannan shi ne a san wanda ya shimfiɗa hanyar. Yanken da ya zo cikin filashi ko saƙon da ba a san mai shi ba, ba a taɓa shi. Wanda mai kula da kwamfuta ya yi da hannunsa kuwa, ya ajiye shi a babban fayil na Public Desktop, inda zai bayyana ga kowane mai amfani, amma ba mai iya sauya shi sai mai izinin shugabancin na’urar. Ya kuma riƙa leƙa Properties lokaci-lokaci ya ga adireshin yana nan daram: na ma’aikatun gwamnati ya ƙare da .gov.gh, na sakamakon jarrabawa ya kasance na hukumar WAEC kanta. In an yi haka, yanken ya zama ita kanta hanyar lafiyar.

Dalili na biyu: gurbin Hausa a rubuce

Hausa tsohuwar baƙuwa ce a ƙasar Gana. Fataucin goro ya kai ta Salaga, bayan yaƙin basasar garin na 1892 kuma ’yan kasuwa da malamai suka watsu zuwa Kumasi da Kete-Krachi da Akra. Alhaji Umaru, haifaffen Kano da ya rasu a Kete-Krachi a 1934, ya bar rubuce-rubuce da Hausar ajami da har yau masana ke nazari. Gidan rediyon ƙasa yana watsa shirye-shirye da Hausa. Duk da haka ba ta cikin harsunan da gwamnati ta amince a koyar a makarantun boko. Sakamakon haka shi ne yaron Maamobi yana ciniki da wasa da sauraron wa’azi da Hausa, amma yana iya gama sakandare bai taɓa ganin kalmar “kuɗi” a rubuce da ƙugiyarta ba.

Harshen da ba shi da aji a makaranta, kowane bango da aka rubuta shi a kai aji ne. Fuskar kwamfutar shago ita ce bangon da matasa suka fi kallo. In aka jera alamomi shida a kai masu sunaye kamar “Sakamakon jarrabawa”, “Rabon makarantu”, “Neman fasfo”, “Katin Gana”, “Biyan kuɗin wuta” da “Ƙamusun Hausa”, an koyar da ƙa’idar rubutu ba tare da an kira taro ba. Ɗalibi zai ga ƙ da ɗ a aikace. Zai ga -n na “sakamakon” da “katin”, in kuma an rubuta “Jarrabawar BECE” zai ga -r ta tamata, wadda Hausar Gana ta baka ta saba mayarwa -n. Windows yana karɓar waɗannan haruffa a sunan fayil, domin dukkansu suna cikin tsarin Unicode: ƙ, ɗ, ɓ da ƴ kowanne da lambarsa. Wanda allon rubutunsa ba shi da su sai ya kwafo daga wani shafin Hausa ya liƙa. Abin da ba ya shiga sunan fayil shi ne alamomi irin su ayar tambaya da ruwa biyu da tauraro. Baƙar waƙafin sama na “’yan” da “ma’aikata” kuwa yana shiga lafiya.

Nan ma akwai abin cewa. Zango ba na Hausawa kaɗai ba ne: akwai Dagomba da Kotokoli da Zabarmawa da Fulani da Mosi da Yarabawa, akwai kuma Ga masu ƙasa. Gaskiya ne, amma Hausa ce igiyar da ta ɗaure su a kasuwar Nima da masallaci, sunan yanke kuma yana da faɗin da zai ɗauki harshe biyu, Hausa a gaba, Turanci a baya. Wani kuma zai ce masu jin Hausar ba su iya karanta bokonta ba. Amsar ita ce kalma biyu kusa da tambarin da aka sani ba littafi ba ne. Wanda ya iya haɗa baƙaƙen Turanci zai karanta “Neman fasfo” a zama ɗaya, domin Hausa yadda ake faɗar ta haka ake rubuta ta. Wanda bai iya ko ɗaya ba kuwa, tambarin zai yi masa jagora, shi ya sa zaɓen hoto daban ga kowane yanke yake cikin aikin. Mai cewa zamanin waya ake ciki ma bai yi ƙarya ba, sai dai takardar da ke buƙatar a ɗauki hotonta, a loda, a buga shaidar biya, har yanzu shago take kai mutane. Wayar ma tana da yankenta, wanda ake ɗorawa a fuskar farko daga cikin manhajar bincike, ana kuma iya raɗa masa suna kafin a ajiye.

Abin da ya rage

A 2018 hoton wani malami a yankin Ashanti, Richard Appiah Akoto, ya zagaya duniya yana zana fuskar Microsoft Word da alli a kan allo, saboda makarantarsa ba ta da kwamfuta. Abin lura a hoton shi ne ɗalibai suna haddace fuskar na’ura kafin su taɓa ta, fuskar kuwa da Turanci take magana daga sama har ƙasa. Sauya harshen manhaja gaba ɗaya aiki ne na kamfanoni da kwamitocin fassara, yana cin shekaru. Sunan yanke kuwa yana hannun duk wanda ya zauna gaban na’urar.

Asusun raya zanguna da dokar 2017 ta kafa, da ƙungiyoyin matasa, da masu ɗakunan karatu na Nima da Maamobi, duk suna da abin yi a nan da ba ya buƙatar kasafi: su amince da jerin sunaye ɗaya, daidaitacce a rubutu, tare da adireshin da aka tantance na kowanne, a buga a takarda guda a raba wa masu shaguna da malaman kwamfuta. Malaman Hausa su duba ƙa’idar rubutun, masu sanin na’ura su duba adireshin, a kuma sabunta jerin duk lokacin da wata hukuma ta sauya shafi, musamman gab da fitowar sakamakon jarrabawa, lokacin da iyaye suka fi cika shaguna, mayaudara kuma suka fi baza komarsu.