Tarihin garuruwanmu: Tsibirin Gobir

A wannan wata za mu sauka kudu, mu leƙa Tsibiri, garin Gobirawa da ke bakin Gulbin Maraɗi, yamma kaɗan da birnin Maraɗi.

Mu fara da gulbin. Daga ƙasar Katsina yake tasowa, can ana ce masa Gada. Ya shigo Nijar, ya bi ta ƙasar Madarunfa, Maraɗi, Tsibiri da Gidan Rumji. Daga nan ya juya ya koma Najeriya, ya zuba cikin Gulbin Rima. Ke nan kansa da wutsiyarsa suna Najeriya, cikinsa ne kawai yake wurinmu. Ku riƙe wannan, za mu komo kansa.

Da can babban birnin Gobir shi ne Alkalawa, a bakin Rima. Nan Bawa Jan Gwarzo ya yi sarauta. A 1808 mutanen Shehu Usumanu ɗan Fodiyo suka ci Alkalawa, aka kashe Sarki Yunfa. Gobirawa suka watse. Sun yi shekaru suna neman su komo da mulkinsu, har 1836, da suka gamu da Sarkin Musulmi Muhammadu Bello a Gawakuke. Ranar ba ta yi musu kyau ba. Sarkin Gobir Ali ya mutu a wurin, shi da Rauda, Sarkin Katsinan Maraɗi.

Waɗanda suka tsira suka nemi mafaka. Sai Sarkin Gobir Mayaƙi ya kafa sabon gari cikin kwarin gulbi, kusa da Katsinawan Maraɗi, don su riƙa taimakon juna. Ga ruwa, ga fadama mai albarka, ga duhun itatuwa inda mai doki ba ya sukuwa. Sunan garin ma ya faɗi kome: tsibiri shi ne tudun da ruwa ya kewaye.

Amma gidan sarauta ba ya rasa rigima. Wajen 1860 wani ɗan sarki, Ɗan Halima, ya ɓata da ƴan'uwansa. Ya shirya da Sakkwato, ya tafi ya kafa Sabon Birni. Gobir ta zama gida biyu.

Sai Nasara suka zo. A 1898 Faransa da Ingila suka zauna a birnin Paris, suka ja layi bisa takarda. Babu Bagobiri ko ɗaya a wurin. A wannan takarda, Tsibiri da Maraɗi sun faɗa rabon Ingila. Faransawa suka ga ba su da hanya mai rijiyoyi daga Kwara zuwa Damagaram, ayarinsu yana shan ƙishirwa. A 1904 aka sake zama. Faransa ta bar wani haƙƙin kamun kifi da take da shi a bakin teku, can gefen ƙasar Kanada, Ingila kuwa ta matsa da iyaka kudu. Ku duba fa: da kifin da kakanninmu ba su taɓa gani ba aka yi musanyar ƙasarsu! Daga 1906 zuwa 1908 aka bi daji ana kafa alamun iyaka. Tsibiri ta zama ta Faransa, Sabon Birni ta Ingila. Fushin Ɗan Halima ya zama iyakar ƙasashe biyu. Yau Bagobirin Tsibiri in zai je biki wurin danginsa a Sabon Birni, sai ya wuce duwan.

Gulbin da ya ɓoye su, shi ne kuma ya tashe su. A damanar 1945 ruwa ya cika ya yi ambaliya, ya rushe gidajen Maraɗi da na Tsibiri. Garuruwan biyu suka hau tudu. Tsibirin da kuke gani yau, mai faffaɗan hanyoyi, sabon gari ne. Tsohon wurin ya zama gonaki. Sarautar dai ba ta nutse ba. Har yanzu akwai Sarkin Gobir, akwai Inna, kuma a 2010 gwamnati ta ɗaga sarkin zuwa matsayin sultan.

To, mu koma ga kan gulbi. A 1989 Najeriya ta ƙare gina babbar madatsar ruwa a Jibiya, bisa Gada. Ruwan da a da yake malala cikin fadama ya bar laka mai taki, yanzu sai abin da aka saki. Manomin da ubansa ya yi shuka bayan ruwa ya janye, ba tare da ya ja guga ba, shi sai ya haƙa rijiya, ya nemi injin ban ruwa da kuɗin mai. Makiyayi ma ya san bambancin, don tabkunan kwari suna saurin ƙafewa. A 1990 Nijar da Najeriya sun sa hannu a Maiduguri cewa za su raba ruwan gulaben da suka haɗa su da adalci, har da wannan. A ganina, takarda ba ta shayar da zogala. Sai masu lambu sun haɗa kai, sun riƙa kai kukansu ga hukuma, ana tuna wa maƙwabta alkawari.

Mu nan ƙasar Mayahi muna da namu, Gulbin Kaba, wanda ya zama kwarin goriba. Mutanen Atantane, ku tambayi tsofaffinku yaushe suka ga ruwa yana gudu cikinsa, wace unguwa ce kuma ta taɓa tashi saboda shi. Ku rubuta da hannunku, ku ba malamin yaƙi da jahilci ya aiko mana.