Tom da Jerry: Dariyar da muke yi da abin da ƙannenmu ke ɗauka

 

A makon nan za mu ɗan ajiye zancen jarrabawa gefe, mu taɓo wani abu da ya faru a gidanmu lokacin hutun da ya wuce. Wata ranar Asabar da hantsi aka kawo wuta, yaran gida suka ruga falo suka kunna talabijin. Katun ɗin Tom da Jerry ake yi. Mu da muke ganin mun girma, mun shiga jami'a, sai ga mu a tsaye bakin ƙofa muna ƙyalƙyala dariya tare da su. Jerry ya ɗauki kaskon suya ya maka wa Tom a fuska, fuskar ta koma siffar kaskon, ya girgiza kai sau ɗaya ta dawo daidai, suka ci gaba da tsere.

Da la'asar sai muka ji ihu a tsakar gida. Autanmu, ɗan shekara biyar, ya ɗauki murfin tukunya ya buga wa yayarsa mai shekara bakwai a goshi. Nan take wurin ya yi ƙulu. Da Umma ta tsare shi tana tambayar dalili, sai ya ce yana so ne ya ga ko kanta zai baje ya dawo kamar na Tom. Shi kansa kuka yake yi, don bai taɓa zaton za ta ji zafi ba. Allah Ya taƙaita, ƙulun ya sace bayan kwana uku. Amma Umma ta juyo kanmu ta ce, "Ku manyan da kuka zauna kuna dariya tare da shi, wa ya gaya masa cewa wannan abin zane ne?" Ba mu da amsa. Wannan tambayar ce ta sa muka je muka bincika tarihin wannan muzuru da ɓeran nasa, kuma abin da muka samo ya cancanci mu kawo muku.

Da farko dai, Tom da Jerry sun girmi iyayenmu, sun ma girmi kakannin wasunmu. Wasu masu zane biyu ne, William Hanna da Joseph Barbera, suka ƙirƙiro su a kamfanin fina-finai na MGM da ke Amurka. Fim ɗinsu na farko ya fito a shekarar 1940 da sunan Puss Gets the Boot, kuma a cikinsa sunan muzurun Jasper. Sai a fim na biyu, a 1941, aka raɗa musu sunayen da muka sani yanzu. Daga 1940 zuwa 1958 mutanen nan biyu sun fitar da gajerun fina-finai 114, yawancinsu ba su wuce minti bakwai ko takwas ba, kuma bakwai daga cikinsu sun ci kyautar Oscar, wadda ita ce babbar kyautar fina-finai a Amurka.

Wani abin da yawancinmu ba mu sani ba shi ne, ba don talabijin aka yi su ba, kuma ba don yara kaɗai ba. A gidajen sinima ake nuna su kafin a saka babban fim, manya da yara suna zaune tare. Da talabijin ya yaɗu a gidajen Amurka, kasuwar gajerun katun na sinima ta fara ja da baya, har MGM ya rufe sashen zanensa a 1957. Daga baya aka ba wani mai suna Gene Deitch aikin, ya yi guda 13 a birnin Prague tsakanin 1961 da 1962, sannan Chuck Jones ya yi guda 34 daga 1963 zuwa 1967. Idan kun taɓa lura cewa wani lokaci Tom yana da girare masu kauri, wani lokaci kuma zanen ya yi wani iri kamar ba shi ba, to dalilin ke nan: hannaye daban-daban ne suka zana shi.

A 1965 tashar CBS ta Amurka ta fara tattara waɗannan gajerun fina-finai tana nuna su a jere a safiyar Asabar, lokacin da yara ba su da makaranta. Daga nan ne aka samu tsarin da muka taso muka tarar, wato shiri ɗaya mai ɗauke da gajerun labarai da ba su da alaƙa da juna, wannan ya ƙare wancan ya fara. Tun da Tom da Jerry kusan ba sa magana, ba a buƙatar fassara. Yaron da ke Kano da na Damagaram da na Tokyo duk wuri ɗaya za su yi dariya. Shi ya sa shirin ya zagaye duniya cikin sauƙi.

Yanzu bari mu ɗan taɓa lissafi, don mun san akwai 'yan ajin kimiyya a cikinku. Fim ɗin sinima yana nuna hoto 24 a cikin daƙiƙa ɗaya. Minti bakwai daƙiƙa 420 ke nan. Ku ninka 420 sau 24, za ku samu 10,080. Hotunan da ke wucewa ta gaban idonku ke nan a katun ɗaya tak. Sau da yawa masu zanen kan ɗauki zane ɗaya sau biyu don rage aiki, amma duk da haka dubban zane ake buƙata. Kuma a wancan zamanin babu kwamfuta. Da fensir ake zanawa a takarda, a kwafe a kan wani farin roba mai ɗaukar ido kamar gilashi, a shafa masa fenti da hannu, a ɗora a kan hoton ɗaki ko lambu, a ɗauka da kyamara, a cire a ɗora na gaba. Dariyar da muke yi ta daƙiƙa uku, wani ya kwana kwanaki yana sunkuye a kan tebur saboda ita.

Haka ma kiɗan. Wani mai suna Scott Bradley ne ya tsara kiɗan yawancin na Hanna da Barbera, kuma ya ɗaura kowane sauti a kan motsi. Idan Jerry na sanɗa, kiɗan na sanɗa da shi. Idan Tom ya gangaro daga bene, kiɗan ya gangaro. Ku gwada kashe sautin talabijin na minti ɗaya ku kalla, za ku ga rabin dariyar ta tafi. Wanda ya fi nuna wannan gwaninta shi ne The Cat Concerto, inda Tom ke kaɗa piyano a gaban jama'a, Jerry kuma yana kwana a cikin piyanon, kiɗan ya tashe shi, rigima ta ɓarke ba tare da kiɗan ya tsaya ba. Yana cikin waɗanda suka ci Oscar.

To ina batun dukan? Wannan salon barkwanci na faɗuwa da buge-buge da tuntuɓe tsoho ne ƙwarai. 'Yan wasan dandali na ƙasar Italiya, ɗaruruwan shekaru da suka wuce, suna da wata sanda ta katako biyu a haɗe. Idan aka buga wa mutum sai ta yi ƙara mai ƙarfi amma ba ta yi masa zafi ba. Daga sunan wannan sanda Turawan Ingila suka samo sunan salon gaba ɗaya. Ku lura da sirrin: ƙarar ce ake so, ba ciwon ba. Mu ma muna da irinsa. Duk wanda ya kalli fina-finan marigayi Rabilu Musa Ibro ya san yadda gudu da faɗuwa da zare ido ke sa mutum dariya har ya riƙe ciki. Mai kallo ya san wasa ne, shi ya sa yake dariya da zuciya ɗaya. Masu zanen katun sun ɗauki wannan suka kai shi ƙarshe, domin jikin zane ba shi da ƙashi. Suna da wata ƙa'ida ta matsewa da miƙewa: abu ya daki ƙasa ya baje, ya tashi ya miƙe, ya koma yadda yake. Ita ce ta baje fuskar Tom, kuma ita ce autanmu ya je nema a goshin yayarsa.

Ba a gidanmu aka fara wannan damuwa ba. A Amurka ma iyaye sun yi ta ƙorafi a kan duka a shirye-shiryen yara, har tashoshi suka tsaurara dokokinsu. Da Hanna da Barbera suka yi sabon shirin Tom da Jerry na talabijin a 1975, sai suka mayar da su abokai, suna yawo tare, Jerry har da jan ƙyalle a wuya. Mun kalli kaɗan daga ciki, kuma gaskiya miya ce ba gishiri. Wannan ya nuna mana cewa cire dukan gaba ɗaya ba shi ne maganin ba. Maganin yana wajen wanda ke zaune kusa da yaro lokacin da yake kallo.

Akwai kuma abin da ya fi dukan buƙatar a buɗe ido. A tsofaffin fina-finan akwai wata mata baƙar fata, mai ƙiba, wadda kusan kullum ƙafafunta da siket ɗinta kawai ake nunawa, tana bin Tom da tsintsiya. An san ta da sunan Mammy Two Shoes. An zana ta ne a kan yadda fina-finan Amurka na wancan zamani ke nuna baƙaƙen mata a matsayin masu aikin gida abin yi wa dariya, a lokacin da dokokin wariyar launin fata ke aiki a kudancin ƙasar. Baƙaƙen Amurka sun yi ƙorafi, kuma bayan 1952 ba ta sake fitowa a jerin ba. Da aka zo nunawa a talabijin, an sake zana ta a wasu, an sauya muryarta a wasu. A 2006 ma, bayan ƙorafin da aka kai wa hukumar kula da kafafen yaɗa labarai ta Birtaniya, tashar Boomerang ta amince ta yanke wuraren da ake nuna shan taba a matsayin abin burgewa. Katun ma yana ɗauke da tunanin mutanen da suka zana shi da na zamaninsu, mai kyau da marar kyau. Hausawa sun ce hankali ke gani, ba ido ba.

Sai kuma muhawarar da muka yi da abokanmu a ɗakin kwanan ɗalibai har tsakar dare: tsakanin Tom da Jerry wa ke da laifi? Muna yara duk bayan Jerry muke, don shi ne ƙarami mai wayo, kamar dai Gizo a tatsuniyoyinmu, wanda ke juya kura da zaki da giwa duk da ƙanƙantarsa. Amma da muka sake kallo da idon manya, sai muka ga sau da yawa Tom na kwance abinsa Jerry ya zo ya tsokane shi. Kuma Tom aikinsa yake yi, in bai kama ɓera ba waje za a jefa shi. A ɗaya ɓangaren, duk tarkon da Tom ya ɗana kansa yake komawa, wato dai in za ka gina ramin mugunta gina shi gajere. Wani abokinmu ya ce in ɓera da sata, daddawa ma da wari, kowannensu da nasa. Mun tashi ba mu daidaita ba. Abin da muka yarda da shi duka shi ne, kakanninmu ba sa ba da tatsuniyar Gizo su tashi su bar yaro da ita. Suna nan zaune, yaro ya yi tambaya a ba shi amsa, ya gane cewa wayon Gizo na cuta ba abin koyi ba ne. Talabijin da waya ba sa amsa tambaya.

A nan ne maganar ta dawo kanku. Yawancinku yayye ne a gida, kuma sau da yawa wayarku ko ta Umma ce ake miƙa wa ƙarami don ya yi shiru. Ba mu ce ku hana su kallo ba, mu ma ba mu daina ba. Abin da muke roƙo shi ne ku zauna da su ko da na minti goma ne. Idan guduma ta sauka a kan Tom, ku tambayi ƙaninku, "In aka yi wa mutum haka me zai faru?" Ku bar shi ya ba da amsa da bakinsa. Ku gaya masa wani ne ya zana Tom da fensir, shi ya sa ba ya jini.

Hanya mafi sauƙi ta nuna masa haka ita ce wadda muka bi da autanmu. Ku samo tsohon littafin rubutu da aka gama da shi. A kusurwar ƙasa ta shafin ƙarshe ku zana ƙwallo a sama. A shafin da ke gabansa ku zana ta ta ɗan sauko, haka haka har ta taɓa layin ƙasa. A shafin da ta taɓa ƙasa ku zana ta a baje kamar ƙosai, sannan a shafukan da ke biye ta miƙe ta koma sama. Shafi 24 ya isa. Ku kama kusurwar da babban yatsa ku saki shafukan da sauri. Ƙwallon za ta yi tsalle a gaban idonku. Da muka yi wa autanmu, ya sa mun maimaita ya fi sau ashirin, daga ƙarshe ya karɓi fensir ya ce shi ma zai zana nasa. Yanzu yana da wani kare mai ƙafa biyar da ke tafiya a kusurwar tsohon littafin lissafinmu.

Kuma wa ya sani, wataƙila a cikin masu karanta wannan shafi akwai wanda zai zana mana Gizo da Ƙoƙi su yi motsi a talabijin, da kiɗan kalangu yana bin sawunsu. Hanna da Barbera ma da fensir da takarda suka fara.

Tambayarmu ta wannan mako ita ce: a ganinku wa ya fi laifi, Tom ko Jerry, kuma me ya sa? Ku rubuto mana a taƙaice tare da sunan makarantarku da ajinku, za mu buga amsoshin da suka fi ma'ana. Waɗanda suka gwada zanen ƙwallon su ma su ba mu labari.

Sai mun haɗu a mako mai zuwa idan Allah Ya kai mu. A yi karatu da kyau, a gaida malamai.