Dariyar da ta ƙare ran da aka taɓa gwaninsu

Duk mai son ya auna ƴancin faɗar albarkacin baki a wata ƙasa, sai ya duba yadda take yi da masu barkwancinta. A wannan ma'auni, Masar ta faɗi warwas a kan Bassem Youssef, kuma laifin bai tsaya ga masu mulki kaɗai ba.

Likitan zuciya ne a Alƙahira. A watan Maris na 2011, makonni kaɗan bayan faɗuwar Hosni Mubarak, ya fara ɗaukar ƴan gajerun shirye-shirye a gidansa yana yi wa kafofin gwamnati ba'a. Kafin shekara ta fita, shirinsa mai suna Al-Bernameg ya hau talabijin, daga baya ya koma tashar CBC, inda miliyoyin mutane ke jiransa kowane daren Juma'a. Shi da tawagarsa ke rubutawa, shi ke fitowa ya yi wasa.

A zamanin Shugaba Muhammad Morsi ya zama gwarzo. Da aka gayyace shi gaban mai shigar da ƙara a watan Maris na 2013, bisa zargin cin mutuncin shugaba da addini, ya je sanye da wata ƙatuwar hula mai kwaikwayon wadda aka naɗa wa Morsi a Pakistan. Aka sake shi beli kan fam 15,000. Ƴan boko, ƴan jarida da attajirai masu adawa da Ƴan'uwa Musulmi suka yi ta tafi, suna rantsuwa da ƴancin dariya.

Sai soja suka hamɓarar da Morsi a watan Yuli. A watan Oktoba likitan ya dawo, ya taɓa haukan son Janar Sisi, wanda ya kai ana buga hotonsa a kan cakulan. Mako guda bayan haka CBC ta dakatar da shirin. Ya koma MBC Masr a farkon 2014, a watan Yuni ya sanar da rufewa, kafin ƙarshen shekarar ya bar ƙasar.

Ina masu tafin? Da yawansu sun yi gum, wasu ma suka juya suna kiransa maci amanar ƙasa. Ashe abin da ke faranta musu rai shi ne ganin an tozarta abokin gabarsu. Laifi tudu ne, ka taka naka ka hango na wani.

Wasu za su ce ya wuce gona da iri. To, ko a fada wawan sarki na wuce gona da iri, aikinsa ke nan, domin bakinsa ne kaɗai ke iya furta abin da fadawa ke haɗiyewa. A ƙarƙashin Morsi an kai shi ƙara, amma shirin ya ci gaba. A ƙarƙashin waɗanda suka ce sun zo ceton ƙasa, ya mutu. Masu tafin jiya su ne ya kamata su fara ba da amsa.