A Bar wa 'Yan Bolin Lissafinsu

Mai yiwuwa ne wani daga cikin masu karatu, da ya ga kan wannan magana, ya ce me ya kai ɗalibai ga wasan Amurkawa, alhali ga namu wasannin nan birjik ba mu gama da su ba. Amsarmu ita ce, duk wanda ya taɓa zama cikin kwamitin shirya gasa, ko da ta tsakanin ɗakunan kwana ce, ya san cewa yawancin rigingimun da kan tashi a fili, tun daga takardar da aka tsara ƙidayar maki a kanta suke samo tushe. To, a wasan bolin an daɗe ana jan irin wannan rigima, mu kuwa muna da ra'ayi a kanta.

Ga wanda bai san wasan ba, ga yadda yake. Akan jera waɗansu 'yan katakai guda 10 masu siffar kwalba a ƙarshen wani dogon daɓe mai santsi, wanda tsawonsa daga layin tsayawa zuwa kwalbar farko ƙafa 60 ne. Sai ɗan wasa ya garo wata ƙwallo mai nauyi, wadda ba a yarda ta wuce laba 16 ba, don ya kayar da su. A kowane gefen daɓen akwai kwata, ƙwallon da ta faɗa ciki ta tafi a banza. Wasa guda zango 10 ne, a kowane zango kuwa mutum yana da jifa biyu. Idan ya kwashe kwalaben duka da jifar farko, bari mu kira wannan kwaf-ɗaya. Idan sai da ya haɗa da ta biyu ya ƙarasa su, mu kira shi ciko.

Daga nan ne hikimar magabata ta shigo. Bisa lissafin da aka gada, wanda ya yi kwaf-ɗaya ba a rubuta masa makinsa nan take, sai an jira. Yana da 10, sa'an nan a ƙara masa abin da jifa biyu na gaba suka kayar. Mai ciko shi ma yana da 10, a ƙara masa abin da jifa ɗaya ta gaba ta kawo. Watau kowane zango mai kyau yana bin na gabansa bashi, kuma ba a sanin darajarsa sai bashin ya fito. Saboda haka ne ma zango na 10 yake da jifar ƙari, don a biya abin da ya rage. Wanda ya jera kwaf-ɗaya sau 12 ba kuskure shi ne mai maki 300, iyakar abin da ake samu ke nan.

Ana nan a kan haka, sai a cikin shekarun 2010 hukumar bolin ta duniya ta fito da wani sabon lissafi, ta gwada shi a waɗansu gasanninta. A cikinsa kwaf-ɗaya maki 30 ne nan take, ko da jifar da ta biyo baya kwata ta nufa. Ciko kuma 10 ne haɗe da abin da jifar farko ta wannan zangon ta kayar. Babu jira, babu bashi, babu jifar ƙari a ƙarshe, kuma kwaf-ɗaya 10 sun isa a ba mutum 300. Dalilin da aka bayar shi ne 'yan kallo, musamman na talabijin, ba su gane tsohon lissafi, wasan da ba a gane shi kuwa ba zai sami shiga Olimfik ba. Wannan buri tsoho ne. An nuna bolin a Olimfik na birnin Seoul a 1988 a matsayin wasan gwaji, a 2015 kuma ya shiga jerin wasanni 8 da aka duba don ƙarawa a gasar Tokyo, aka tankaɗe shi ya faɗo.

Ba mu ce masu wannan shawara mugunta suka nufa ba. Amma a ɗauki alƙalami a yi lissafin nan tare da mu. A ce 'yan wasa biyu ne, kowannensu ya yi kwaf-ɗaya 5 da ciko 5, a kowane ciko jifar farko ta kayar da 9, jifar ƙarin ma 9. Na farko ya jera kwaf-ɗayansa biyar a zango biyar na farko, bi da bi. Na biyu kuwa ya warwatsa nasa, ya yi ɗaya ya tsallake ɗaya har ƙarshe. A tsohon lissafi na farko ya tashi da 234, na biyu da 199. Tazarar maki 35 ke nan, ladan jerawa. A sabon lissafi kuwa dukkansu 245, kunnen doki!

To, wa ya isa ya ce aikin mutanen nan biyu ɗaya ne? Duk wanda ya lura da wasan ya san cewa wahalarsa tana cikin maimaitawa. Ana shafa wa daɓen mai kafin a fara, kowace ƙwallo da ta bi ta kansa tana ɗan kwashe man nan ko ta ja shi gaba, har hanyar da ta yi kyau a zango na biyu ta ɓaci a na bakwai. Mai jerawa shi ne wanda ya karanta wannan canji, ya gyara tsayuwarsa, ya kuma danne bugun zuciyarsa yayin da ya san jifar da ke hannunsa za ta shiga lissafin zango uku a lokaci guda. Sabon lissafi ya sauke masa wannan kaya, ya kuma hana shi ladan ɗaukarsa.

A duba kuma abin da za a rasa idan an soke jifar ƙari. A 1970, a gasar zakaru ta Firestone da aka yi a birnin Akron na jihar Ohio, Don Johnson ya jera kwaf-ɗaya 11 a wasan ƙarshe, jama'a na kallo a talabijin. Jifa ta 12 ta tafi daidai, kwalabe 9 suka zube, guda ɗaya ta can kusurwar dama ta tsaya ƙyam. Mutumin ya kife rub da ciki a ƙasa. Ya ci gasar da 299, kuma har yau masu bin wasan suna tuna wannan 299 fiye da 300 da yawa da aka yi bayanta. Da sabon lissafi ne, da tun a jifa ta 10 an miƙa masa 300 an tashi. Haka kuma a 1991, Del Ballard yana bukatar kwaf-ɗaya biyu da kwalabe 7 a zangon ƙarshe don ya ka da Pete Weber. Ya yi mai wuyar, ya jera biyun. Saura 7 kacal, abin da ko ɗan koyo kan samu. Sai ƙwallo ta zame ta faɗa kwata, Weber ya ci da 213 a kan 207. Muna tambaya, ɗan kallon da aka ce don shi ake gyara, an kyauta masa ke nan idan an cire masa irin wannan jifa?

Za a ce mana ai waɗansu wasannin sun sake ƙidayarsu ba su mutu ba. Gaskiya ne. Ƙwallon raga ta koma ba da maki a kowane bugu a 1999, ƙwallon tebur ta rage wasa daga maki 21 zuwa 11 a 2001. Amma waɗannan sun taɓa tsawon wasa ne da saurinsa, gwanin jiya shi ne dai gwanin yau. A bolin kuwa abin da ake aunawa ne aka taɓa. Batun wuyar lissafi kuma, mu ɗalibai kunya ma za mu ji mu kafa hujja da shi. Tara lamba biyu a kan 10 ne fa! Balle ma tun shekarun 1970 injuna suka fara karɓar aikin ƙidayar a gidajen bolin, yau kuwa allo ne ke nuna kome. Abin da ɗan kallo ke bukata shi ne mai sharhi ya gaya masa cewa wane yana neman kaza kafin ya ci. Ƙofar Olimfik ɗin ma ba ta buɗe ba: babu bolin a Paris a 2024, ba ya kuma cikin wasanni 5 da aka ƙara wa gasar Los Angeles ta 2028. Madalla da gidajen bolin na Amurka da suka riƙe lissafinsu na gado.

Sai dai kada Amurkawan su yi saurin washe baki, don muna da magana da su a kan tsarin gasa. Ƙungiyar ƙwararrunsu, PBA, wadda Eddie Elias ya kafa a 1958, ita ta yayata tsarin nan na hawan tsani, kuma shi ma don talabijin aka raya shi. 'Yan wasa za su kwashe kwanaki suna fafatawa, wasa gommai, ana tara maki. Daga nan a ɗebi huɗu ko biyar na sama. Na ƙasa biyu su kara, wanda ya ci ya hau ya gamu da na gaba, har a kai ga na ɗaya, wanda ke zaune yana jira. Wasa guda tak ake yi da shi. In ya faɗi, duk tazarar da ya tara cikin mako ta bi ruwa. Mu da muka san zafin a yi shekara ana karatu sa'an nan takarda ɗaya ta awa uku ta yanke hukunci, ba sai an yi mana dogon bayani ba.

Masu kare tsarin suna cewa ai an ba na ɗaya gata, tun da ko ya faɗi shi ne na biyu, kuma nasara ɗaya ta ishe shi, alhali na ƙasa sai ya yi uku ko huɗu. Akwai ƙamshin gaskiya a nan. Amma a tuna da man nan da muka ambata. Mai hawowa ya riga ya yi wasa a kan daɓen, ya ga inda man ya gusa, jikinsa ya saki, ya saba da fitilu da hayaniyar jama'a. Na ɗaya kuwa 'yan jifar gwaji kaɗai ya samu. A babbar gasar Amurka ta US Open a 2012, Pete Weber ɗin nan ya hawo tsani ya tarar da Mike Fagan a sama, ya ka da shi da 215 a kan 214, ya ɗauki kofin karo na biyar. Ba mu rage wa Weber kome ba, gwani ne na gaske, kuma mun yarda cewa wasan ya yi daɗin kallo. Amma kwalba guda ce ta raba su a wasa guda, bayan Fagan ya fi shi a jimlar kwanakin da suka gabata.

Gyaran wannan ba ya bukatar a rushe tsanin. A bar shi, tun da jama'a na sonsa, kuma kuɗin da ake raba wa 'yan wasa ta hanyar 'yan kallo yake shigowa. Abin da muke nema shi ne wanda ya fito na ɗaya kada a karɓe masa kofi sai an ka da shi sau biyu. In masu talabijin sun ce lokaci ba zai isa ba, sai a rage mutum ɗaya daga ƙasan tsanin, a ba wasan ƙarshe mintocinsa.