Nonon Ruga Na Lalacewa, Madarar Waje Na Cika Kasuwa

Ranka ya daɗe Edita,

Ka ba ni fili in yi kukan nono. Da damina matan Fulani kan sauke ƙwarya a tasha, nono ya yi yawa, su sayar da asara kafin ya lalace. Da rani kuwa shanu sun yi kudu, sai wasu masu fura su dama garin madarar waje su ce kindirmo ne. Saniyar Bunaji da ƙyar take ba da nono lita biyu a rana, shi ma babu wurin sanyaya shi kusa da ruga. Tunda an kafa ma'aikatar kiwon dabbobi ta tarayya a 2024, don Allah ta fara da cibiyoyin tattara nono masu firjin hasken rana.

Mai karatu, Kano