A Bar Wa Magarya Wuri A Sharaɗa Da Challawa Da Bompai

Babu manomin da bai san magarya da 'yar'uwarta kurna ba. Ba a shuka su, ba a yi musu ban ruwa, amma kowace shekara idan kaka ta wuce, sanyi ya shigo, sai magarya ta cika da 'ya'ya. Yara su tsinta, mata su auna a kasuwa, awaki su ci ganye, manomi kuwa ya sari ƙaya ya yi shinge. Har ranar da mutum zai bar duniya ma, da ganyen magarya ake haɗa ruwan wankansa.

To, ga shi yanzu wannan itace yana neman ya zama baƙo a gefen Kano. Tun zamanin Turawa aka yanka Bompai aka ba masu masana'antu. Bayan da aka yi Jihar Kano cikin 1967, Sharaɗa da Challawa suka biyo baya. Gonaki suka koma masaƙu da majemu, duk inda katafila ta bi kuwa magarya ce farkon faɗuwa, domin ana ganinta ƙaya ce kawai. Yau masana'antu da yawa sun rufe, filayensu na nan fayau, ba aiki, ba inuwa.

Wannan hasara ce. Turawan Ingila da wani itace mai ƙaya suke shinge gonakinsu tun kaka da kakanni, ba su raina shi ba. Mutanen Indiya kuwa sun daɗe suna yi wa magarya aure, kamar yadda ake yi wa mangwaro. Irin nasu da ake kira Gola 'ya'yansa sun ninka na daji girma nesa ba kusa ba, ga zaƙi, ga ruwa. Ma'aikatan binciken gona na ICRISAT da ke Sadore, kusa da Yamai, sun yaɗa shi cikin Nijar, inda ake ce masa tuffar Sahel. A kan kututturen magaryar daji ake ɗaura reshen, watau wanda ya sare tasa ya sare uwar kuɗi ke nan.

Wani zai ce filin masana'anta ba gona ba ne, bango ya fi. Gaskiya ne bango yana da amfaninsa, amma sai bango ya tsage ƙadangare ke samun wurin shiga. Shingen magarya ba ya tsagewa, kullum ƙara kauri yake yi. Yana tare ƙura, yana riƙe ƙasa, kuma saiwarsa na nitsawa ƙasa ƙwarai, har fari irin na 1973 bai cika kashe shi ba.

Sai dai akwai abin lura. Dattin Sharaɗa yana bin rafin Salanta zuwa kogin Challawa, na Bompai kuma yana bin Getsi ya faɗa Jakara. Ruwan majemu yana ɗauke da gubar sinadarin jima. Saboda haka itacen da ke bakin irin wannan magudana a bar shi don shinge da inuwa kaɗai, kada a sayar wa yara 'ya'yansa. Wanda za a ci a dasa shi kan tudu, nesa da wannan ruwa.

Abin da ya kamata shi ne, masu masana'antu su zagaye filayensu da magarya, ma'aikatan gandun daji su raini dashe su koya wa manoma yin aure, hukuma kuma ta tilasta wa majemu su tace ruwansu kafin su sake shi. Manoman Kumbotso da Panshekara, duk wanda ya tarar da tsiron magarya a kan iyakar gonarsa, ya ɗaga fartanya ya wuce. Allah Ya ba mai ji sa'a, amin.